Kundin doguwar rabawa: daga 1/2 zuwa 1/50 da fensir

6 ga Janairu

Yau na buɗe sabon littafin rubutu na ɗora masa aiki guda. Zan mayar da kowane kashi daga 1/2 har 1/50 zuwa lambar ɗigo ta hanyar doguwar rabawa, da fensir, ba tare da na taɓa kalkuleta ba. Kashi 49 ke nan.

Ƙanwata ce ta jawo wannan aikin. Tana aikin gida ta danna 1 raba 7, kalkuleta ta nuna mata 0.1428571429, sai ta ɗago ta ce, "Yaya, a nan lissafin ya ƙare, ko wuri ne ya ƙare wa na'urar?" Na ce bai ƙare ba, lambobin maimaita kansu suke yi har abada. Ta ce, "To wa ya je can gaba ya gani? Ya aka yi aka san ba za su canza ba?" Amsar da ake hardacewa na sani, amma dalilinta ban iya shimfiɗa mata ba, kuma abin ya tsaya mini a rai. Ko 9 ɗin ƙarshen da na'urar ta nuna ba ta cikin jerin: 8 ce aka ɗaga saboda 5 da ke bin ta.

Sharaɗi ɗaya na sa wa kaina. Kowane shafi za a raba shi biyu: rabawa a hagu, a dama kuma layi na musamman inda zan riƙa rubuta sauran da ya rage bayan kowace ɗebewa. A makaranta saura abu ne da ake wucewa ta kansa da sauri don a kai ga lamba ta gaba. Ina zargin a nan amsar tambayarta take ɓoye.

Na fara ɗumama hannu da 3/8. Takwas ba ta shiga 3, don haka na rubuta 0 da ɗigo, na sauko da sifili, 3 ta koma 30. Takwas sau 3 ya ba da 24, saura 6. Na sake sauko da sifili, 60. Takwas sau 7, 56, saura 4. Sai 40, takwas sau 5, 40 cif, saura babu. Amsa 0.375.

Wannan sifilin da muke cewa "sauko da shi" ba daga sama yake faɗowa ba. Uku ita ce 3.000 da sifili iya yadda kake so. Abin da ake yi a gaske shi ne a farfasa sauran gida goma-goma: cikakku 3 su zama ushiri 30, ushiri 6 da suka rage su zama 60 na ɗaya bisa ɗari, haka har ƙasa. Wanda ya gane wannan ba zai sake tambayar inda ake sa ɗigo ba.

8 ga Janairu

Na gama 1/2 zuwa 1/10. Waɗannan duk suna da tsoffin sunayensu: rabi, sulusi, rubu'i, humusi, sudusi, subu'i, sumuni, tusu'i, ushiri. A baki duk ɗaya suke, amma a kan takarda halinsu ya bambanta. Rabi 0.5, rubu'i 0.25, humusi 0.2, sumuni 0.125, ushiri 0.1, duk sun sauka a kan saura sifili sun tsaya. Sulusi kuwa daga 10 a ɗebe 9, saura 1, wato inda aka faro, sai 0.333 ba iyaka. Tusu'i ma haka, 0.111. Sudusi ya yi wani abu dabam: 0.1666, lambar farko ta wuce ba ta dawo ba, sai 6 ta kama maimaici. Na sa masa alama, zan dawo kansa.

Subu'i ne ya cinye mini yammacin. Layin saura ya tafi haka: 1, 3, 2, 6, 4, 5, sannan 1 ta dawo. Lambobin amsa kuma 1, 4, 2, 8, 5, 7. Da na ga 1 ta sake bayyana a layin dama sai na ajiye fensir, domin ga amsar ƙanwata a fili. Idan kana raba wa 7, sauran da zai iya rage maka ba ya wuce 0, 1, 2, 3, 4, 5 ko 6. In ya zama 0, an gama. In bai zama 0 ba, gidaje shida kacal ke gare shi, kuma mai yawo a gidaje shida dole ya sake shiga wanda ya taɓa shiga kafin ya yi taku bakwai. Da zarar saura ya dawo, duk abin da ya biyo bayansa a karon farko shi zai sake biyowa, tunda tambaya ɗaya ce ake sake yi: goma sau wannan sauran, bakwai nawa ke ciki? Ba sai wani ya je can gaba ya gani ba.

Kuma wannan hujjar ba ta 7 kaɗai ba ce. Kowane kashi da lambarsa ta sama da ta ƙasa cikakku ne, ko dai ya ƙare ko ya shiga zagaye, kuma tsawon zagayen ba zai kai lambar ƙasan ba.

9 ga Janairu

Na gwada 2/7 har 6/7 don in tabbatar. Ban ma buƙaci sabuwar rabawa ba. 2/7 tana farawa ne daga saura 2, kuma 2 tana nan a layin 1/7, a matsayi na uku. Sai kawai in karanta daga nan: 0.285714. 3/7 daga saura 3: 0.428571. Zobe ɗaya ne, kowa da ƙofar da yake shiga.

13 ga Janairu

Daga 1/11 zuwa 1/16. 1/11 gajere ne, 0.0909, saura na kai-komo tsakanin 1 da 10. 1/16 ya ƙare a 0.0625.

Na zaci 13 za ta yi halin 7, ta zagaya duk gidajenta 12. Ba ta yi ba. Saura: 1, 10, 9, 12, 3, 4, sai 1. Lambobi shida kawai, 0.076923. To ina 2, 5, 6, 7, 8 da 11 suka shiga? Na raba 2/13 sai ga su duka: 2, 7, 5, 11, 6, 8, amsa 0.153846. Ashe 13 zobe biyu gare ta, kowanne mai gida shida, kuma ba sa haɗuwa. Duk wani abu bisa 13 yana cikin ɗayansu.

Maganar sudusi ma ta warware yau ta dalilin 1/12, wanda ya ba da 0.08333: lambobi biyu sun wuce kafin 3 ta fara maimaici. Goma ita ce 2 sau 5. Duk lokacin da aka sauko da sifili an ninka saura da 2 ɗaya da 5 ɗaya ne. Shida tana da 2 guda a cikinta, taku ɗaya ya cinye ta, abin da ya rage aikin 3 ne. Sha biyu ita ce 2 sau 2 sau 3, sai an yi taku biyu. Idan kuwa lambar ƙasa ba ta da komai a cikinta sai 2 da 5, to bayan 'yan taku babu abin da zai rage, sai rabawa ta ƙare. Sha shida 2 ce sau huɗu a jere, shi ya sa 0.0625 ke da lambobi huɗu bayan ɗigo.

Wani abin lura da na rubuta a gefen shafi don kada in koya mata rabin gaskiya: sai an fara rage kashin zuwa mafi ƙanƙantar siffarsa kafin a yi wannan hukunci. 3/12 tana da 12 a ƙasa, amma 1/4 ce a ɓoye, kuma a 0.25 take tsayawa.

17 ga Janairu

1/17 shi ne na farko da ya cika shafi. Kuma shi ne ya nuna mini amfanin layin dama fiye da kowanne. Amsar ta fara 0.0588. Takwas biyu a jere. Wanda ke kallon lambobin amsa kaɗai zai iya cewa to ga maimaici ya zo, ya rubuta 0.05888 ya rufe littafi. Amma 8 ta farko daga 150 ta fito, ta bar 14. Ta biyu daga 140 ta fito, ta bar 4. Ba tambaya ɗaya ba ce, amsa ce kawai ta zo iri ɗaya. Lambar amsa tana iya dawowa sau nawa ma ba tare da an shiga zagaye ba, domin lambobi goma ne kawai ake da su. Saura ne ba ya dawowa a banza.

Cikakken zagayen: 0.0588235294117647, lambobi 16. Saura kuma: 1, 10, 15, 14, 4, 6, 9, 5, 16, 7, 2, 3, 13, 11, 8, 12. Duk gidaje 16 ya shiga, kamar 7.

Ina duba jerin nan sai idona ya tsaya a tsakiya. Bayan taku takwas saura ya zama 16, wato 17 ba ɗaya. Na jera rabin farko a sama, na biyu a ƙasa: 1 da 16, 10 da 7, 15 da 2, 14 da 3, 4 da 13. Kowane biyu in an tara 17 ne. Na yi haka da lambobin amsa: 05882352 a sama, 94117647 a ƙasa. Jimla 99999999. Na koma baya da sauri: 142 da 857, 999. 076 da 923, 999. 153 da 846, 999.

Na daɗe ina kallon shafin nan. Dalilin ba shi da nisa in an zauna da shi. Saura 16 yana nufin abin da ya rage a raba shi ne 16/17, kuma 1/17 da 16/17 in sun haɗu 1 ne cif. To lambobin da ke fitowa daga saura 1 da waɗanda ke fitowa daga saura 16 dole su cike wa juna gurbi, kowane gida ya kai 9. Na bincika na tarar an daɗe da sanin wannan. Ana jingina shi ga wani Bafaranshe mai suna Midy da ya rubuta a kai a 1836. Sanin cewa wani ya riga ni da kusan shekara 190 bai rage mini daɗin ganinsa da idona ba.

19 ga Janairu

Na yi amfani da abin shekaranjiya a 1/19. Taku tara: 0, 5, 2, 6, 3, 1, 5, 7, 8, saura ya kai 18. Maimakon in ci gaba da rabawa sai na ɗebe kowace lamba daga 9: 9, 4, 7, 3, 6, 8, 4, 2, 1. Amma ban yarda da kaina ba tukuna, na raba rabin na biyu da hannu har ƙarshe. Sun dace. 0.052631578947368421, lambobi 18.

1/18, 1/20, 1/21 da 1/22 ba su ba da wahala ba. 1/21 ya fito 0.047619, zagaye mai shida, gadon 7 da ke cikinsa.

24 ga Janairu

Kuskuren farko mai nauyi. Na raba 1/23 har saura ya dawo 1, na ƙirga lambobin amsa na sami 21. Da farko na wuce. Da dare sai abin ya dawo mini, saboda wani abu da na riƙa lura da shi a lambobin da ba sa rabuwa da kowa sai kansu da 1, irin su 7, 11, 13, 17, waɗanda nake kira gagara-raba a cikin littafin nan. A kowacce tsawon zagayen yana raba lambar da ke ƙasa da ita da ɗaya ba saura: 6 ta raba 6, 2 ta raba 10, 6 ta raba 12, 16 ta raba 16. Dole ma haka ta kasance, tunda zobban duk tsawonsu ɗaya kuma su ne suka raba gidajen a tsakaninsu. To 23 gidaje 22 gare ta, kuma 21 ba ta raba 22. Akwai ɓaraka a wani wuri.

Layin dama ne ya tona ta. A taku na takwas 140 ta ba da 6, saura 2. Na sauko da sifili, 20, 23 ba ta shiga. Sai hannuna ya ƙara wani sifilin ya yi 200 ya rubuta 8, ban sa 0 a amsa ba. Sifili ɗaya ya ɓace, kuma duk lambobin da ke bayansa sun matso gida ɗaya gaba, kowacce ta ninka darajarta sau goma. Daidai shi ne 0.0434782608695652173913. Rabin farko 04347826086, na biyu 95652173913, kuma da sifilin a wurinsa ne kawai suke haɗuwa su ba da tara-tara.

Wannan kuskuren shi ne na fi tsoro ga mai koyo, domin ba ya barin alama. Ninkawar daidai ce, ɗebewar daidai ce. Sabuwar doka daga yau: sifili ɗaya a sauko, lamba ɗaya a rubuta a sama, ko da 0 ce. Kuma 20 ma saura ce, tana da haƙƙin layinta a dama. Na kuma koma takarda mai gida-gida, na riƙa sa lambar matsayi a saman kowane gida.

Ina cikin sa waɗannan ƙananan lambobin na tuna masanin lissafi Simon Stevin, wanda ɗan littafinsa na 1585 ya yaɗa lissafin ɗigo a Turai. Shi bai yi amfani da ɗigo ba. Bayan kowace lamba yakan sa wata ƙarama a cikin da'ira mai nuna matsayinta, na farko, na biyu, na uku. Dā ina ganin wannan nauyi ne kawai da ɗigon da John Napier ya taimaka wajen yaɗawa ya zo ya sauke. Yau na ga abin da yake tsarewa. Kuma ba shi ya fara ba: al-Uƙlidisi ya yi aiki da irin waɗannan lambobi a Dimashƙa tun wajen shekarar 952, al-Kashi kuma ya tsara su sosai a Samarƙand a littafinsa na 1427. Duk da hannu suka yi, kuma duk sai da suka nemi dabarar da za ta hana lamba barin gidanta.

29 ga Janairu

Daga 1/24 zuwa 1/30. Kafin kowace rabawa yanzu nakan rubuta hasashena a saman shafi, sannan in raba in gani. 1/24: 2 sau uku da 3, na ce lambobi uku za su wuce sannan zagaye mai ɗaya, ya fito 0.041666. 1/28: lambobi biyu sannan zoben 7, ya fito 0.03571428, 571428 na maimaituwa. 1/25 ya tsaya a 0.04.

1/27 ya ba da 0.037037. Na tsallaka gaba don son sani na raba 1/37, sai ga 0.027027. Kowanne ɗauke da sunan ɗan'uwansa. Ninka 27 da 37 ka ga dalili: 999. Daga nan wata hanyar kallon abin ta buɗe. Saura yana dawowa 1 bayan taku uku ne saboda 1000 raba 27 saura 1, wato 27 ta raba 999 cif. In lambar ƙasa ba ta da 2 ko 5 a cikinta, tsawon zagaye ba komai ba ne illa yawan tara-tara da za a jera kafin lambar ƙasa ta raba su ba saura. Tara ɗaya ta ishi 3 da 9. Biyu sun ishi 11. Shida kuwa, 999999, ita ce 27 sau 37 sau 7 sau 11 sau 13, shi ya sa 7 da 13 da 21 da 39 duk suke da zagaye mai shida.

Wannan kuma shi ne hanyar komawa gida. In an ba ka 0.272727, ɗauki 27 ka ɗora bisa 99, ka rage, 3/11. Na riƙa amfani da ita wajen duba aikina: 142857 sau 7 ya ba da 999999.

1/29 ya kai lambobi 28. Na raba 14, saura ya zama 28, na cike ragowar da ɗebewa daga 9.

2 ga Fabrairu

Na zauna da ƙanwata na ba ta fensir. Ban yi mata bayani ba, na ce ta raba 1/7 ta riƙa rubuta saura a gefe. Da ta kai taku na shida ta tsaya ta ce, "Yaya, ai ɗaya ta dawo." Na ce sai me? Ta yi shiru, sannan ta ce, "To ai aikin da na yi zan sake." Gani ya kori ji. Ban ƙara mata ko kalma ba.

Amma ba ta bar ni haka ba. Ta ga 0.333 sau uku zai ba da 0.999, alhali sulusi uku 1 ne, ta ce to ɗan abin da ya rage fa? Na ce ta faɗi girman abin da ya ragen. Duk ƙanƙantar da ta ambata, sai in nuna mata cewa in an ƙara tara kaɗan a jerin, tazarar ta gaza hakan. Tazarar da ta gaza kowace lamba da za a iya faɗa ba tazara ba ce, 0.999 marar iyaka da 1 lamba ɗaya ce mai rubutu biyu. Ta ce ta ji, amma fuskarta ba ta gama yarda ba. Ban matsa mata ba, wannan yana son a kwana da shi.

7 ga Fabrairu

1/31 ya hana ni gajeriyar hanya. Na yi ta jiran saura 30 bai zo ba. A taku na 15 sai 280 ta ba da 9, saura 1. Zagaye mai 15, 0.032258064516129, kuma mara ba ya rabuwa biyu, don haka babu rabin da zai cike wa rabi. Talatin tana can cikin ɗaya zoben. 1/43 ma haka ya yi, lambobi 21, duk sai da na raba su ɗaya bayan ɗaya. 1/41 kuwa biyar kacal, 0.02439, domin 41 sau 2439 shi ne 99999.

Abin da ke damuna yanzu: na san tsawon zagayen gagara-raba dole ya raba lambar da ke ƙasa da ita da ɗaya, wanda ɗan reshe ne na abin da masanin lissafi Fermat ya faɗa a 1640. Amma wanne daga cikin masu rabawar? Me ya sa 37 ta tsaya a 3, 41 a 5, amma 29 ta zagaye duka 28? Na duba ko ina a shafukana ban ga alamar da ke faɗa tun kafin a raba ba. Da na karanta sai na tarar ba gazawata ba ce kawai. Gauss ya yi aiki a kan waɗannan zagaye a littafinsa na 1801. A 1927 Emil Artin ya yi hasashen cewa masu cika zagayensu ba su da iyaka, kuma sun kai kusan kashi 37 cikin 100 na dukan gagara-raba. Har yau ba a kammala tabbatar da shi ba. A ƙasa da 100 guda tara ne: 7, 17, 19, 23, 29, 47, 59, 61 da 97. Ban taɓa zaton rabawar 'yan firamare tana da ƙofar da ke buɗewa kai tsaye zuwa tambayar da ta gagari manyan masana ba.

10 ga Fabrairu

Na ɗan kauce hanya yau. Tunda 2 da 5 suna ƙarewa ne don su suka haifi goma, to laifin rashin ƙarewar sulusi ba nasa ba ne, na goma ne. Na gwada raba 1/10 irin yadda kwamfuta ke ƙirga, da 0 da 1 kawai, inda ake ninka saura da 2 maimakon 10. Ɗaya ta zama 2, ba ta kai goma ba, 0. Sai 4, 0. Sai 8, 0. Sai 16, a rubuta 1, saura 6. Sai 12, a rubuta 1, saura 2. Biyu ta dawo. Ushiri, wanda a wurinmu 0.1 ne mai tsabta, a wurin kwamfuta zagaye ne marar ƙarshe, 0011 na ta maimaituwa, dole ta datse shi a wani wuri. Shi ya sa a yawancin harsunan shirya manhaja in ka tara 0.1 da 0.2 za ka ga 0.30000000000000004. Hanyar rabawar ba ta canza ba ko kaɗan, abin da ake ninkawa da shi ne kawai ya canza.

15 ga Fabrairu

1/47 ya ci shafi biyu. Na fara rubuta jadawalin 47 sau 1 har sau 9 a gefe kafin in soma, abin da ya kamata in riƙa yi tun daga 17, domin yawancin lokacin da ke tafiya a lalube ne na "sau nawa za ta shiga". Taku 23, saura 46, na cike da tara-tara. Lambobi 46.

1/48 ya fito yadda na hasa, 0.0208333, huɗu sun wuce kafin 3.

1/49 na fi so a duk littafin. Ya fara 0.020408163265. In ka karanta bibbiyu: 02, 04, 08, 16, 32, sai 65 a inda ido ke jiran 64. Ninki ne ke tafiya, domin 1/49 ita ce 2/98, kuma 98 ɗari ce ba biyu. Kowane taku biyu saura yana ninkuwa. Ita kuma 64 ta zama 65 ne saboda 128 da ke bin ta ba ta shiga gida biyu, sai 1 ɗinta ta tsallako. Daga nan ninkin yana nan yana tafiya amma ya hau kan juna, ido ba ya iya bin sa. Zagayen 42 ne, ba 48 ba: 7, 14, 21, 28, 35 da 42 ba sa taɓa fitowa a layin saura, in an cire su shida daga 48 abin da ya rage ke nan.

16 ga Fabrairu

1/50, 0.02, taku biyu. Na ƙirga abin da ke cikin littafin. Guda 11 sun ƙare: 2, 4, 5, 8, 10, 16, 20, 25, 32, 40 da 50. Guda 19 sun shiga zagaye tun daga lambar farko, su ne duk masu ƙarewa da 1, 3, 7 ko 9. Sauran 19 sun ɗan yi tafiya kafin su shiga. Na bi kowane mai zagaye na duba shi ta hanyar tara-tara ko ta ninkawa. Na kama ƙaramin kuskuren ɗebewa guda a 1/38, na gyara.

Akwai sauran shafuka, don haka na rubuta jadawalin 97 a gefe na fara 1/97. Ga inda na kai: 0.010309278350. Bibbiyu yana tafiya 01, 03, 09, 27, sai 83 a gurbin 81, saboda 2 ta 243 ta tsallako. Taku 12 na yi, saura yanzu 50. Ina jiran 96 a taku na 48. In ta zo a wani wuri dabam, to akwai sifilin da na bari a baya. Ƙanwata ta ce ita za ta riƙe layin dama gobe.